Tikitin Besbol na Kyauta da na Rangwame ga Sojojin Amurka

A Amurka akwai wata daɗaɗɗiyar al'ada da ƙungiyoyin ƙwararrun 'yan wasan besbol ke bi, ta bai wa sojoji tikitin shiga filin wasa kyauta ko a farashi mai rangwame, wani lokaci har da matansu da 'ya'yansu. Na daɗe ina bibiyar wannan al'amari, kuma a ganina abu ne mai amfani da ya cancanci yabo. Sai dai ina da ma'aunin da nake auna shi da shi, wato ko tikitin yana isa hannun ƙaramin soja mai iyali da ɗan albashi, kuma ko wannan soja zai iya kai iyalinsa filin su kuma dawo gida ba tare da aljihunsa ya ji jiki ba. Tutoci da badujala da jiragen yaƙin da ke shawagi kafin a fara wasa suna ɗaukar ido a talabijin, amma ba su ne ke amsa wannan tambaya ba.

Wanda bai san wasan ba, ga yadda yake a taƙaice. Ƙungiyoyi biyu ne ke karawa, kowacce da mutum tara, ɗan wasan wannan ɓangare yana jefo wata ƙaramar ƙwallo mai tauri, na wancan ɓangare kuma yana ƙoƙarin maka mata kulki, sannan ya zagaya tashoshi huɗu a guje kafin a fitar da shi. Babbar gasarsu, wadda ake kira MLB, tana da ƙungiyoyi 30, guda 29 a Amurka, ɗaya a birnin Toronto na Kanada. Abin da ya bambanta wannan gasa da sauran shi ne yawan wasanni. Kowace ƙungiya tana buga wasa 162 a kaka guda, daga ƙarshen Maris zuwa ƙarshen Satumba, kuma a ƙa'ida 81 daga ciki a gidanta take buga su. Mai kallon gasar Firimiya ta Ingila ya san cewa wasa 19 kacal ƙungiya ke yi a gida a kaka, kuma ƙwallon ƙafa irin ta Amurkawa ba ta wuce wasa takwas ko tara a gida. Saboda haka ƙungiyar besbol tana da kujeru masu ɗimbin yawa da take neman wanda zai zauna a kansu, kusan kowace rana, har da daren Litinin da na Talata lokacin da yara ke makaranta.

A kakar 2023 'yan kallon da aka ƙirga a gasar sun ɗan haura miliyan 70, wanda ya kama kusan mutum 29,000 a kowane wasa, alhali kuwa yawancin filayen suna ɗaukar wajen mutum 40,000, na ƙungiyar Dodgers da ke Los Angeles ma har 56,000. Kujerar filin wasa haja ce mai saurin lalacewa, tamkar ɗanyen tumatir a hannun mai kayan gwari idan kasuwa ta kusa tashi, domin da zarar an yi jifan farko, kujerar da ba a sayar ba ta tashi a banza har abada. Idan ƙungiya ta bai wa soja wannan kujera kyauta, ba ta yi asarar komai ba, hasali ma ta samu, tunda iyalin da suka shigo za su biya kuɗin ajiye mota, su sayi abinci da abin sha, wataƙila yaro ya nace a saya masa hula. Ni ban ga aibu a nan ba. Alherin da ba ya cin aljihun mai yinsa shi ne ya fi daɗewa, kuma da a ce kyautar tana jawo wa masu ƙungiyoyin asara ta gaske, da tuni an yi watsi da ita a shekarar farko da ciniki ya yi ƙasa. Amma sanin wannan lissafi yana taimaka wa mutum ya gane dalilin da ya sa ake samun tikitin a wasu ranaku, a rasa shi a wasu.

Hanyar da aka fi sani ita ce rangwamen da ƙungiya ke bayarwa da kanta. Soja yana shiga shafin ƙungiyar na intanet, a tura shi wurin wani kamfanin tantancewa, kamar GovX ko ID.me, ya tabbatar da cewa shi soja ne mai ci, ko ɗan ko-ta-kwana, ko tsohon soja, sannan a buɗe masa farashi na musamman. A wasu wuraren kuma zuwa yake yi tagar sayar da tikiti a ranar wasa ya nuna katin shaidarsa. Galibi ana ƙayyade yawan tikitin da mutum ɗaya zai saya, ana kuma ware ɓangaren filin da rangwamen ya shafa, kuma kowace ƙungiya da nata sharuɗɗan, waɗanda suke sauyawa daga shekara zuwa shekara. Akwai kuma ofisoshin walwalar sojoji da ke cikin barikoki, inda ake sayen tikiti da yawa a sari a sayar wa sojoji da iyalansu da sauƙi, tare da tikitin wuraren shaƙatawa da na tafiye-tafiye. Wannan hanya ta bariki ita ce ta fi kusa da matar soja wadda mijinta ke bakin daga, domin da katinta na iyali za ta je ta saya ba sai ta jira shi ba.

Tikitin da ake samu kyauta tsantsa kuwa, mafi yawansa ta hannun gidauniyoyi yake bi. Wadda ta fi shahara ita ce Vet Tix, da wani tsohon sojan ruwa mai suna Michael Focareto ya kafa a jihar Arizona a 2008. Tsarinta mai sauƙi ne. Ƙungiyoyin wasa da masu shirya bukukuwa da mutanen da suka sayi tikitin kaka guda amma ba za su iya zuwa wani wasa ba, duk suna ba da gudummawar tikitinsu, gidauniyar kuma ta raba wa sojoji masu ci da tsofaffin sojoji da iyalan waɗanda suka mutu a fagen yaƙi, bayan ta tantance su. Mai karɓa yana biyan ɗan kuɗin aikawa ne kawai. Idan masu nema sun fi tikitin yawa, sai a jefa ƙuri'a. Mai bayarwa shi ma yana da tasa ribar, tunda dokar harajin Amurka ta yarda a rage wa mutum haraji a kan abin da ya bai wa gidauniyar da ba ta neman riba. Abin da ya fi burge ni da wannan tsari shi ne babu wanda ke kiran sunan soja a lasifika, ko ya sa shi ya miƙe a tafa masa. Zuwa yake yi da kayan gida, ya zauna cikin jama'a shi da 'ya'yansa, ya kalli wasa ya koma.

Bai kamata a manta da ƙananan gasanni ba, waɗanda su ma na ƙwararru ne, inda manyan ƙungiyoyi ke rainon matasan 'yan wasansu. Tun 2021 ƙungiyoyi 120 ne ke cikin wannan tsari, kuma da dama daga cikinsu suna zaune ne a garuruwan sojoji. Norfolk Tides tana garin da ke da babban sansanin sojan ruwa na jihar Bajiniya, Fayetteville Woodpeckers tana maƙwabtaka da barikin Fort Bragg a Karolina ta Arewa, El Paso Chihuahuas tana kusa da Fort Bliss a Texas, Tacoma Rainiers kuma tana dab da sansanin Lewis-McChord. A irin waɗannan filaye tikiti dama mai araha ne, wurin ajiye mota yana kusa, yara kuma suna ganin 'yan wasa ido da ido. Ga kofur mai 'ya'ya uku, sau da yawa wannan ya fi masa daɗi da sauƙi a kan tafiyar awa uku zuwa babban birni.

Alaƙar besbol da soja ta girmi duk waɗannan shafuka na intanet. A 1918, ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Ɗaya, gwamnati ta umarci maza masu shekarun shiga soja da ko dai su kama aikin da ke taimakon yaƙi ko a ɗauke su, wanda ya sa aka gajarta kakar wasa, aka buga wasannin ƙarshe a watan Satumba tsakanin Boston Red Sox da Chicago Cubs. A wasan farko a Chicago, 'yan badujala suka busa waƙar da daga baya, a 1931, ta zama taken ƙasa. Wani ɗan wasan Boston mai suna Fred Thomas, wanda sojan ruwa ne da ke hutu, ya juya ya ƙame ya sara wa tuta, 'yan kallo kuma suka kama waƙar. Da wasannin suka koma Boston, sai aka bai wa sojojin da suka dawo da raunuka tikiti kyauta. Ke nan tun farko abubuwan biyu tare suka taso, bikin girmamawa da kuma kujerar kyauta.

A Yaƙin Duniya na Biyu abin ya ƙara ƙarfi. Bayan harin da Japan ta kai Pearl Harbor a ranar 7 ga Disamba, 1941, shugaban hukumar besbol, Kenesaw Mountain Landis, ya rubuta wa Shugaba Franklin Roosevelt yana tambaya ko a dakatar da wasa. A ranar 15 ga Janairu, 1942, Roosevelt ya amsa cewa a nasa ra'ayin ci gaba da wasan ya fi alheri ga ƙasa, domin mutanen da ke aiki tuƙuru fiye da da suna bukatar abin da zai ɗauke musu hankali na ɗan lokaci. Filaye da yawa suka riƙa barin soja mai sanye da kaki ya shiga kyauta, aka riƙa roƙon 'yan kallo su mayar da ƙwallon da ta faɗo musu domin a aika wa sojoji a sansanoni, aka kuma shirya wasanni na musamman don tara kuɗin agaji. 'Yan wasan babbar gasa fiye da 500 ne suka shiga soja. Bob Feller ya shiga sojan ruwa kwana biyu bayan harin, ya yi aiki a jirgin yaƙi na USS Alabama. Ted Williams ya rasa kakar 1943 zuwa 1945, sannan aka sake kiransa lokacin yaƙin Koriya a matsayin matuƙin jirgin sama. A wancan zamani, sojan da ke zaune a kujerar kyauta da ɗan wasan da ke fili duk jirgi ɗaya ya kwaso su. Amma ba kowane soja ne ya more wannan karamci daidai da ɗan'uwansa ba. Filin Sportsman's Park na St. Louis bai daina ware wa baƙar fata wurin zamansu ba sai a 1944, shekarar da aka gurfanar da Laftanar Jackie Robinson a kotun soja a Texas bayan ya ƙi komawa kujerar baya a cikin bas. An wanke shi, kuma a ranar 15 ga Afrilu, 1947, ya zama baƙar fata na farko da ya buga babbar gasar a wannan zamani.

Kyauta mafi girma da hukumar besbol ta taɓa yi ita ce katin shiga na har abada, wanda ke bai wa mai shi da baƙonsa damar kallon kowane wasan kaka a kowane fili. An bai wa fursunonin yaƙin Biyetnam da suka dawo gida a 1973 irin wannan kati, haka ma Amurkawa 52 da aka yi garkuwa da su kwana 444 a Iran aka sako su a Janairun 1981, waɗanda a cikinsu akwai jami'an diflomasiyya da kuma sojojin da ke gadin ofishin jakadanci.

Idan ana neman inda wannan al'ada ta fi kafuwa a yau, to San Diego ne, a kudancin Kalifoniya. Garin yana da babban sansanin sojan ruwa, da sansanin jiragen sama na Miramar, da cibiyar horar da kuratan sojan ƙundumbala, ga kuma barikin Camp Pendleton daga arewa. Da wuya a samu unguwar da ba ta da soja ko tsohon soja ko ɗan soja. Ƙungiyar garin, Padres, ta fara ware ranar girmama sojoji ta kowace shekara tun tsakiyar shekarun 1990, a 2000 ta fara sanya rigar wasa mai zanen kakin soja, daga 2008 kuma ta mayar da ita rigar kowace Lahadi da take wasa a gida. Abin da ya fi taɓa zuciya shi ne zuwan kurata. Horon sojan ƙundumbala mako 13 ne na gumi da tsawa, babu waya babu yawo, sai ga shi wata Lahadi an kwaso samarin nan cikin kaki an cika wani ɓangare na saman filin da su, idan an kai zagaye na huɗu a busa musu taken rundunarsu su miƙe tsaye. Yawancinsu 'yan shekara goma sha takwas ne ko sha tara, wasu ba su taɓa shiga babban filin wasa ba. Wannan biki ne, babu shakka, kuma ƙungiyar tana samun suna da shi, amma biki ne da yaran da kansu ke cin moriyarsa, domin wuni guda ne na hutu a tsakiyar horon da ya fi komai wahala a rayuwarsu.

Wani zai ce soja ma'aikaci ne mai albashi, me ya sa za a yi masa rangwame? Amsar tana cikin takardar albashin ƙananan sojoji. A 2024 ainihin albashin sabon farabiti ya ɗan haura dala 2,000 ne kawai a wata. Gaskiya ne akwai alawus na gida da na abinci da kuma kula da lafiya, amma a garuruwa masu tsada irin San Diego kuɗin haya kan lashe alawus ɗin har ya nemi ƙari. Masu lissafin kuɗin kallon wasanni sun nuna cewa a 'yan shekarun nan iyali mai mutum huɗu kan kashe fiye da dala 250 a wasan babbar gasa guda ɗaya, idan aka haɗa tikiti da ajiye mota da abinci da ɗan tsaraba. Wannan kusan kashi ɗaya bisa takwas ne na ainihin albashin farabiti. Ma'aikatar Tsaron Amurka da kanta ta bayyana a 2022 cewa kusan soja ɗaya cikin huɗu ya fuskanci matsalar rashin wadataccen abinci a gidansa a wani lokaci cikin shekarar da aka bincika, daga baya aka fara biyan wani sabon alawus ga iyalai masu ƙaramin ƙarfi a Janairun 2023, aka kuma ƙara wa ƙananan sojoji kashi 14.5 cikin ɗari a 2025. Ga kuma yawan sauyin wurin aiki, domin duk bayan shekara biyu zuwa uku ake ɗauke iyali daga wannan jiha zuwa waccan, matar gida ta rasa aikinta, yara su rasa abokansu. Binciken ma'aikatar ya nuna rashin aikin yi a tsakanin matan sojoji da mazajen sojoji mata yana kai kashi 21 cikin ɗari. A irin wannan hali, tikiti huɗu na kyauta su ne ke sa iyali su fita daga bariki su ga garin da aka kawo su, su zauna kusa da mutanen da ba sojoji ba.

Wannan cuɗanya tana da muhimmanci fiye da yadda ake zato. Tun 1973 Amurka ta daina tilasta wa matasa shiga soja, kuma a yau sojoji masu ci wajen miliyan 1.3 ne, ƙasa da kashi ɗaya cikin ɗari na al'ummar ƙasar. A 1980 kusan kashi 18 cikin ɗari na manyan mutane sun taɓa yin aikin soja, yanzu kuwa ba su wuce kashi 6 ba. Ƙasar ta yi shekara ashirin tana yaƙi a Afganistan, ta yi wani a Iraƙi, alhali mafi yawan 'yan ƙasar ba su da ko ɗan'uwa ɗaya a cikin kaki. Ina ganin wannan tazara ce ta sa bukukuwan girmama sojoji a filayen wasa suka yawaita bayan harin 11 ga Satumba, 2001, domin mutanen da ba su ɗauki nauyin yaƙi ba suna neman hanyar da za su nuna godiya, tafi kuma shi ne mafi sauƙi.

A nan ne aka samu abin da ya ɓata min rai. A watan Nuwamba na 2015, sanatocin jihar Arizona biyu, John McCain da Jeff Flake, suka fitar da rahoton da ya nuna cewa Ma'aikatar Tsaro ta kashe dala miliyan 53 a kwangilolin talla da ƙungiyoyin wasanni tsakanin 2012 da 2015, kuma kimanin dala miliyan 6.8 na kwangilolin da suka ƙunshi biyan kuɗi don a girmama sojoji ne. Abubuwan da 'yan kallo suka ɗauka karamcin ƙungiya ne, kamar shimfiɗa babbar tuta a fili, da rantsar da kurata a gaban jama'a, da bai wa soja damar yin jifan buɗe wasa, ashe wasu daga cikinsu da kuɗin masu biyan haraji aka saye su. Ƙungiyoyin besbol na cikin waɗanda aka ambata, har da Milwaukee Brewers, wadda dakarun tsaron jihar Wisconsin suka biya dala 49,000 don ɗaukar nauyin rera wata waƙar kishin ƙasa a wasanninta na Lahadi. McCain ya san abin da yake magana a kai, tunda shi kansa ya yi fiye da shekara biyar a matsayin fursunan yaƙi a Biyetnam. Majalisa ta hana wannan ɗabi'a, hukumar ƙwallon ƙafa irin ta Amurkawa, wato NFL, kuma ta mayar da fiye da dala 700,000 a 2016. Rundunar da ke dogaro da masu shiga don ra'ayin kansu tana da haƙƙin yin talla, kuma bukatar ta gaske ce, ganin cewa a 2022 rundunar sojan ƙasa ta gaza cika adadin kuratan da take nema da mutum 15,000. Amma talla a kira ta talla. Sayar da ita da sunan godiya cin amanar 'yan kallo ne, kuma cin fuska ne ga sojan da aka tsayar a tsakiyar fili bai san an biya kuɗi a kansa ba.

A shekarar da ta biyo bayan wancan rahoto aka yi wani abu da nake ganin ya fi dacewa. A ranar 3 ga Yuli, 2016, Atlanta Braves da Miami Marlins suka buga wasan gasa na ainihi a cikin barikin Fort Bragg, a filin da hukumar MLB da ƙungiyar 'yan wasa suka gina da kuɗinsu, mai ɗaukar mutum 12,500. Shi ne karo na farko da aka buga wasan kaka na wata babbar gasar ƙwararru a cikin bariki mai aiki. Ba a sayar wa jama'a tikiti ba, raba shi aka yi wa sojoji da iyalansu, aka kuma hana sayar da shi ga wani. Marlins ta ci 5 da 2, bayan an tashi kuma aka bar wa barikin filin domin wasannin sojoji.

Duk da haka akwai gyare-gyaren da nake so in gani, kuma na farko ya shafi ranakun da ake cirewa. Kusan ko'ina rangwamen ba ya aiki a ranar buɗe kaka, da wasannin zagayen ƙarshe, da kuma lokacin da manyan abokan hamayya irin Yankees ko Dodgers suka zo gari. Dalilin a fili yake, a ranakun nan babu kujerar da za ta kwana ba a sayar ba. To amma ranakun nan ne yaro ke mafarkin gani, kuma ware ko da kujera ɗari biyu a irin wannan rana shi ne zai nuna cewa ƙungiya ta yarda ta yi 'yar asara. Na biyu shi ne farashin da ke hawa da sauka. Tun lokacin da San Francisco Giants ta fara gwada sauya farashin tikiti gwargwadon yawan masu nema a 2009, sauran ƙungiyoyi suka bi sahu, saboda haka rangwamen kashi kaza cikin ɗari yana iya zama ragi ne daga farashin da aka riga aka ɗaga. Ya kan faru soja ya samu tikiti mafi araha a kasuwar masu sake sayarwa fiye da wanda aka yi masa rangwame. Ƙayyadajjen farashi, ko tikiti kyauta kai tsaye, ya fi gaskiya.

Akwai kuma matsalar tsofaffin sojoji. Wasu ƙungiyoyi suna haɗa kowa da kowa, wasu kuwa sojoji masu ci da waɗanda suka yi ritaya da fansho kaɗai suke kulawa, su bar wanda ya yi shekara huɗu ya je yaƙi ya dawo aka sallame shi. Shi ba ya riƙe da katin soja, sai takardar sallama da ake kira DD-214, kuma sai a ƙarshen 2017 Ma'aikatar Kula da Tsofaffin Sojoji ta fara ba irinsa katin shaida na musamman. Yanzu da tikiti ya koma cikin manhajar waya, filaye da yawa kuma sun daina karɓar tsabar kuɗi, dattijon da ya yi yaƙin Biyetnam, wanda ya haura shekara saba'in, dole ne ya ɗauki hoton takardunsa ya ɗora a intanet, ya buɗe asusu, ya sauke manhaja, kafin ya samu abin da a da katinsa kawai zai nuna a taga. Da yawa daga cikinsu haƙura suke yi. Wannan abin takaici ne, musamman idan aka tuna cewa alƙaluman ma'aikatar suna nuna fiye da tsofaffin sojoji 6,000 ne ke kashe kansu a kowace shekara, kuma kaɗaici na cikin abubuwan da ke jefa mutum a wannan hali. Tikitin wasa ba magani ba ne, kuma ba zai maye gurbin asibiti da fansho da aikin yi ba, amma dalili ne na fita daga ɗaki a zauna awa uku kusa da wani ɗan'adam, don haka barin taga ɗaya a buɗe ga mai takarda a hannu ba ƙaramin abu ba ne.

'Yan'uwanmu da ke zaune a Amurka wannan magana ta shafe su kai tsaye, domin dokar ƙasar ta yarda mai katin zama na dindindin ya shiga soja tun kafin ya zama ɗan ƙasa, kuma akwai 'yan Afirka ta Yamma da ke cikin kakin. Wanda ke cikin wannan hali, ya fara da ofishin walwala na barikinsa, ya yi rajista da Vet Tix da kamfanin tantancewar da ƙungiyar garinsa ke amfani da shi, ya kuma kwatanta farashi kafin ya biya. Ya lura cewa ranar tsofaffin sojoji, 11 ga Nuwamba, tana zuwa ne bayan an rufe kaka, saboda haka ranakun da besbol ke ware wa sojoji sun fi yawa a watan Mayu, wajen Asabar ta uku da Litinin ta ƙarshe, da kuma 4 ga Yuli. Ya kiyaye katinsa, a duba shi da ido a mayar masa, domin dokar tarayya ta taƙaita yin kwafin katin soja. Tikitin da aka ba shi kyauta kuma kada ya sayar, tunda hakan na sa a rufe masa asusu, masu bayarwa kuma su janye hannu daga waɗanda ke biye da shi. Idan iyalin na kiyaye abin da suke ci, su duba dokar filin kafin su fita, domin wasu filayen besbol suna barin a shiga da abinci daga gida a cikin leda mai bayyana abin da ke ciki, da ruwan gora da ba a buɗe ba, kuma wannan kaɗai kan rage kuɗin fitar sosai.